Man Zaki da Hannun Ummi

Da sunan Allah nake ci gaba, Shi da ya san abin da bakuna suka ɓoye. Wannan babin na daɗe ina kewaye shi. Na ba ku labarin ƙuruciyata a Gaya, na ba ku na aikin koyarwa, har rigimata da hedimastoci ban rage muku ba, amma duk sanda na iso shekarar da yayarku Ummi ta rasa hannunta sai in ajiye biro in ce idona na ciwo. Abin da ya sa na daina gudu shi ne, kwanakin baya 'yar Ummi ta je suna Kademi, wata tsohuwa ta nuna ta da baki ta ce wa ta kusa da ita, ga jikar Malamar nan da ta ɗauki 'yarta ta kai wa likitoci suka datse mata hannu. Yarinyar ta dawo ta kasa haɗa ido da ni. To, tunda magana ta kai ga jikoki, ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Ku ji daga bakin wadda aka yi abin a gabanta.

Kakanku, mahaifin babanku, maɗori ne, kuma ba zan rage masa komai ba. Na ga an kawo Bafulatanin da sa ya take wa cinya, kwance a amalanke yana kiran uwarsa, na kuma ga ranar da ya dawo da ƙafarsa ya kawo mana ƙwaryar nono. Daga Gafasa ake zuwa, daga ƙauyukan da ban taɓa jin sunansu ba ake zuwa, zauren gidanmu ba ya rabuwa da mai nishi. Baba, haka nake kiransa, zai shafa wurin da yatsunsa, idonsa a lumshe, ya ja, ka ji ƙas, shi ke nan ƙashi ya koma mazauninsa. Sai ya jera 'yan karare a kewaye, ya ɗaure da ɗanyen ɓawon kalgo. Shi ɓawon kalgo yana da hali, in ya bushe tsukewa yake yi, don haka maɗori sai ya cusa yatsa a ƙarƙashin igiyar ya ji iya sararin da zai bari. Ba a koyar da wannan da baki, yatsa ne ke sani. Akwai kuma dokokin gidan guda biyu da kowa ya haddace. Duk wanda aka ɗora, sai an karya ƙafar kaza an ɗora ta tare da shi, in ta fara takawa an san shi ma yana warkewa. Sannan ba a kwance ɗori kafin maɗori ya ce a kwance, uwa kuwa ko taɓa ɗorin ɗanta ba ta yi.

Amma abin da mutane suke tahowa dominsa, a ganinsu, shi ne man zaki. Wani tsohon tandu ne baƙi ƙirin, rataye a ɗakin Baba. An ce kakansa maharbi ne, ya kashe zaki tun zamanin da gabashin Kademi yake daji, ya narke kitsen ya zuba a ciki, kuma da shi ake shafe kowace karaya kafin a ɗaure. Ni dai tun da aka kawo ni gidan nake ganin Inna, surukata, tana narka man kaɗe duk kaka tana ƙarawa a tandun. Ina amarya, bakina bai san linzami ba, na taɓa tambayar babanku ko wannan zakin nasu bai gaji da ba da mai ba. Ya waiga ya ga ba kowa, ya yi dariyar da ba ta fito ba.

"Malama, ki iya bakinki," in ji shi. "Nan ba aji ba ne."

A ajin kuwa zaki kullum muna tare. Akwai wani kwali da muke ratayawa a bango, da hotunan dabbobi da sunayensu na Turanci, ni ce mai bin su da tsumagiya ina faɗa yara suna amsawa. Ba yaron da ya taɓa ganin zaki, ni ma malamar tasu ban taɓa gani ba, amma in na nuna shi sai ajin ya ɗauka da ƙarfi, layon, layon, har na maƙwabta su leƙo. Itatuwa ne ke ba ni kunya. Littafin yana da sunan itatuwan da ba sa fitowa a ƙasarmu, ɗinya da kanya da kalgon da ke bakin taga kuwa ko ɗaya babu. Ranar da Ummi ta fara shiga ajina na nuna hoton, sai ta ɗaga hannu, wannan hannun na dama, ta ce, "Malama, mu muna da shi a gidanmu, yana cikin tandu." Yara suka yi ta dariya, ita ko a jikinta. Sunan mahaifiyar Baba aka sa mata, shi ya sa muke ce mata Ummi, shi kuma ba ya kiranta sai Uwata. A duk jikokinsa ita kaɗai ke shiga ɗakinsa ba sallama.

Abin da ba a faɗa muku ba shi ne, a wannan shekarar yatsun Baba sun mutu. Suna motsi, suna riƙe abu, amma ba sa ji. Wata safiya na kai masa koko a kwanon sha, ni da tsumma na riƙo shi saboda zafi, shi kuwa ya karɓa da tafukansa biyu ya ci gaba da hira da baƙo. Da yamma na ga hannun ya tashi. Inna ta sani, don ita ke cire masa ƙayar da bai san ta shige shi ba. Babanku ya sani. Na same shi a ɗaki na ce, Malam, hannun Baba fa ba ya ji, ya kamata ka riƙa yin ɗaurin kai shi yana duba maka. Ya ce wa zai tsaya gaban tsoho ya gaya masa haka? Gidan duka aka taru aka rufe maganar, kowa na ganin ladabi yake yi.

Ƙarshen damina ne, ɗinya ta nuna. Ummi ba ta kai shekara takwas ba, kuma hawan bishiya ko maza sai su shafa mata lafiya. Reshe ya ɓalle da ita a bayan makaranta. Aka kawo mini ita hannun ya lanƙwashe tsakanin gwiwa da wuyan hannu, fata ba ta fashe ba, ko jini babu. Karaya ce irin wadda Baba ya ɗora ba adadi. Shi da kansa ya ɗauke ta ya zaunar a cinyarsa, yana cewa, "Uwata, kalli can, ba nan ba." Ya ja, ƙashi ya koma. Ya aika aka ɗauko tandu, ya lakato da yawa fiye da yadda yake yi wa kowa. Da aka zo ɗauri babanku ya matso ya miƙa hannu.

"Baba, kawo in ƙarasa."

"Uwata ce," in ji Baba. "Kai je ka ji da kazar."

Ina durƙushe daga bakin ƙofa na ga ya naɗa kalgon, ya ja, ya cusa yatsa kamar yadda ya saba, ya gyaɗa kai. Ni na ga yatsan bai shiga ba, a kan igiyar ya tsaya. Kazar kuwa babanku ne ya ɗora ta, shi da yatsunsa suke lafiya lau.

Washegari yatsun Ummi suka kumbura suntum. Kuka take yi wanda ban taɓa jin mai karaya ya yi ba, ba ta ce ƙashi ke ciwo ba, cewa take wuta ce a ciki. Na je na durƙusa gaban Inna na ce a roƙi Baba ya ɗan sassauta.

"Ke 'yar nan, yaushe kika zo duniya?" in ji ta. "Man ne yake aiki. Zaki ai ba ya shiga jiki da sallama. Abin da babba ya hango, yaro ko ya hau rimi ba zai hango ba."

Na koma wajen babanku. Ya je ya tsaya a ƙofar ɗakin tsohon, ya yi gaisuwa, ya tambayi ya jiki, ya dawo bai faɗa ba. Sai na yi abin da suruka ba ta yi, na shiga zaure da kaina, a gaban baƙi, na durƙusa na ce, Baba, a duba hannun Ummi, igiyar ta tsuke. Bai ɗaga murya ba, shi ba mai faɗa ba ne. Ya sa aka kawo ta, ya shafa yatsunta da nasa, ya daɗe yana shafawa.

"Lafiya lau, Malama. Kumburi ne, zai saɓe. Koma ciki."

Yatsun nan sun yi sanyi kamar randa, amma ta ina zai sani? A ransa ya duba, kuma ya gaskata abin da hannunsa ya gaya masa.

Bayan 'yan kwanaki kukan ya tsaya. Gida ya ɗauki murna. Kaza ta fara dogara ƙafa tana tsince-tsince a tsakar gida, Inna tana nuna wa duk wadda ta shigo dubiya tana cewa ga shi nan, masu gaggawa sun ji kunya. Ni kuwa shirun nan ya fi kukan tsorata ni. Farcen Ummi ya yi baƙi, jikinta ya ɗau zafi, ta daina neman abinci. In na matsa ɗan yatsanta sai ta ce, "Umma, wanne kika taɓa?" Sai wari ya fara fitowa daga ƙarƙashin kararen. Inna ta ce warin mai ne, ta kunna turaren wuta.

Ranar Juma'a ce, maza duk sun tafi masallaci, Inna ta shiga maƙwabta barka. Na rufe ƙofar ɗakina, na ɗauki wuƙar da nake yanka kuɓewa, na yi bisimilla na yanke kalgon. Ba zan kwatanta muku duk abin da na gani ba. Igiyar ta nutse a cikin nama, sai da na ɓanɓaro ta, kuma daga inda ta tsaya zuwa yatsu ba hannun 'yata ba ne. Ban yi kuka ba, ban tsaya neman mayafi mai kyau ba. Na goya ta, ƙatuwar yarinya ƙafafunta na dukan cinyoyina, na bi ta bayan gari zuwa bakin hanya. Wata akori-kura mai ɗaukar buhuna ta tsaya mana. A asibitin Gaya suka duba suka ce wannan ya fi ƙarfinsu, sai birni. Kafin la'asar sakaliya muna Kano.

Likitan da ya karɓe mu mutumin kudu ne, Hausarsa ba ta wuce sannu ba. Ya tambaya da Turanci me aka sa wa hannun. Ni da na yi shekara da shekaru ina koya wa 'ya'yan mutane sunan dabbobi, ranar na ji bakina ya yi nauyi. Na ce kitse ne. Ya ce kitsen me? Na ce layon. Ya ɗago ya kalle ni, ya sake tambaya, na sake faɗa, murya ƙasa-ƙasa, ba irin ta aji ba. Ya girgiza kai. Na so in gaya masa man bai yi komai ba, man kaɗe ne kawai da sunan zaki a kansa, ɓawon itace ne ya yi ɓarnar. Na laluba kaina kaf ban sami sunan kalgo da Turanci ba. Sai na nuna masa sawun igiyar da yatsa. Ya ce ya gani. Ya ce ruɓar tana hawa, in ba a cire hannun ba yarinyar ba za ta kai wata Juma'ar ba, amma ba za su taɓa ta ba sai uba ya yarda.

Da hantsi babanku ya iso, da rigar Juma'arsa ta jiya a jikinsa. Ya shigo da faɗa a bakinsa, na gani a fuskarsa, Inna ta cika shi. Sai na ɗaga masa ƙyallen da aka rufe hannun da shi. Ya dafa ƙarfen gado. Kalma biyu ya faɗa, na fassara wa likitan.

"Ku yi."

Aka cire daga saman gwiwar hannu kaɗan. Da ta farfaɗo ta kalle ni ta ce, "Umma, tafin hannuna na ƙaiƙayi, sosa mini." Na rasa inda zan sa yatsana. Na sosa zanin gado a wurin da hannun ya kamata ya kasance, ta ce ba nan ba, gaba kaɗan. A nan ne na yi kukan da na riƙe tun daga Kademi. Akwai karin maganar da Hausawa ke yi a kan ɗan'uwa, wai hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar. Tun daga shekarar ban ƙara iya faɗinta ba, in wani ya faɗa a gabana ma tashi nake yi.

Kafin mu dawo gida labari ya riga ya zauna da gindinsa. Kaza ta warke sarai tana gudu, kowa ya gani. Ashe da an bar ɗorin ya cika kwanakinsa da Ummi ma ta warke. Malama ce, da bokonta da rashin kunyarta, ta sa wuƙa ta yanke ɗori, ta kai yarinya inda ba su san komai ba sai yanka. Inna ta tare ni a tsakar gida, ban ko sauke kaya ba.

"Kin huta? Kin kai an nakasa mana ita, kin huta?"

Mata suka daina aiko mini da 'ya'yansu kitso. In na shiga gidan biki sai hira ta mutu. Wasu iyayen suka cire yaransu daga ajina. Baba kuma bai ƙara ɗora kowa ba, duk wanda aka kawo sai ya ce a wuce da shi gaba, aka ce ai ni ce na karya asirin gidan da na taɓa ɗorin 'yata. Bai taɓa zagina ba, bai kuma taɓa wanke ni ba. In na gaishe shi zai amsa, fuskarsa a bango. Ummi ta daina shiga ɗakinsa, shi ma bai aika a kira ta ba. Abin da ya fi ci mini rai shi ne babanku. Ya ga hannun da idonsa, shi ya ce a yi, amma ko sau ɗaya bai buɗe baki a zaure ya ce matata ta yi daidai ba. Na ji haushinsa, haushi mai tsanani, kuma ban ɓoye masa ba. Da na ga zaman ya gagara na nemi canjin makaranta, aka tura ni Toranke. Ya tattara ya biyo mu, ya bar gonar gado da sana'ar gado, ya kama noman aro a garin da ba a san ubansa ba. Wannan shi ne dalilin da ya sa ku ƙananan aka haife ku a ƙasar Ajingi, ba wai don iskar can ta fi daɗi ba kamar yadda yake gaya muku. Baba bai daɗe ba bayan tashinmu ya rasu. Tandun yana wajen 'ya'yan ƙanensa, na ji har yanzu ana ƙara masa man kaɗe.

Ummi ta koyi rubutu da hagu, ta koyi tuƙa tuwo tana danne tukunya da gwiwa, ta yi aure ta haifi nata. Ba ta taɓa tambayata ba, ni ma ban taɓa zaunar da ita ba, don in na wanke kaina sai na shafa wa kakanta, mutumin da ya fi sonta a duniya. Haka muka tsufa da maganar a tsakaninmu.

Sai a ciwon ajalin babanku na ji ragowar. Wata rana bayan azahar ina ba shi kunu, ya ture cokalin ya ce akwai abin da yake so ya sauke. Kun san abin da aka cire daga jikin Musulmi ba a yar da shi, binnewa ake yi. Ranar da aka yi aikin, asibiti suka ba shi hannun a naɗe cikin farin ƙyalle, ya kawo Kademi ni ina can wajen Ummi. Ya ce Baba ya hana kowa biyo su, su biyu suka zagaya bayan gida, babanku ya haƙa rami. Zai saka ke nan tsohon ya ce ya buɗe. Ya karɓa ya ɗora a cinyarsa, ya bi ƙashin da yatsunsa daga sama har ƙasa, ya sake bi. Can ya ce,

"Ba na ji. Taɓa ka gaya mini, ya zauna?"

"Ya zauna daidai, Baba. Ko kaɗan bai goce ba."

"To kama yatsana ka sa a inda igiyar ta bi."

Babanku ya kama yatsan ya sa.

"Yanzu yana ina?"

"Yana cikin sawun igiyar, Baba."

"Ya shiga?"

"Ya shige har gaɓar farko."

Ya ce tsohon ya daɗe a haka, yatsansa a cikin ramin da ba ya jin sa. Sannan ya naɗe ƙyallen da kansa, ya sa a ƙasa, ya ce, "Matarka ta fi mu gaskiya. Ni na kashe hannun Uwata. Amma kada ka faɗa ina raye, ba zan iya kallon garin nan ba."

Na ajiye kofin kunun don kada ya zube. Na ce, Malam, Baba ya rasu tun Ummi ba ta fara azumi ba. Ga ta yau da jikoki a hanya. Duk shekarun nan ana nuna ni da baki kana ji, me ya hana ka faɗa?

Ya juyar da kai. Hawaye na bin gefen idonsa yana shiga kunne.

"Ubana ne, Malama."

Na ce, "Ni kuma uwarta ce."

Na gyara masa matashi, na ɗauki cokalin na ci gaba da ba shi. Allah ya jiƙansu su biyun, ya yafe musu. Ummi, ke ce ban taɓa gaya wa ba. Ga shi na gaya miki.